KUKAN ƘAFAR MOTA: YADDA A KE GANE RULMA YA GAJI DA YADDA A KE CANZA SHI



A ƴan shekarun nan, ƙungiyoyin manoma da ƴan kasuwar ƙauye da yawa sun sayi irin motar nan mai ɗan tsayi, wadda ba kat-kat ce sosai ba, ba kuma ƙaramar motar birni ba ce. Masu ƙera ta su na ce mata kurosoba. Wadda aka fi sani a wajenmu ita ce RAV4 ta kamfanin Toyota, da ta fara fitowa a 1994. Akwai CR-V ta Honda, akwai Qashqai ta Nissan. Galibinsu okaziyo ne. Sun yi shekaru su na aiki a Turai ko Amurka kafin su sauka Kwatano ko Lome, su iso hannunmu.

In ka gan ta tsaye sai ka ce ƙanwar Land Cruiser ce. Amma ƙafafunta na ƙaramar mota ne. A kan hanyoyinmu, ɗaya daga cikin abubuwan da ke fara gajiya a cikinsu shi ne rulma, wanda a wajen Najeriya a ke kira boris.

Na ga abin da idona. Motar wata ƙungiya da na ke aiki da ita ta fara kuka tun cikin bazara. Direba ya ce taya ce, mu ma muka yarda, don ba wanda ke son jin maganar kuɗi. Ran da aka yi ruwan shuka, muka ɗauki irin hatsi da na wake za mu kai ƙauyuka uku. A tsakiyar daji ƙafar gaba ta dama ta yi zafi, ta yi hayaƙi, ta karkace. Allah ya kiyaye ba ta fice ba. Sai da muka kwana biyu kafin makanisiye ya zo da kaya daga birni. Ko da iri ya isa, ƙasa ta bushe. Mutane suka zauna jiran wani ruwan. Ga shi gyaran da zai tsaya a rulma ɗaya ya haɗa da kardan da kayan birki.

Rulma ba ya mutuwa farat ɗaya. Ya kan daɗe ya na kuka kafin ya yar da mai shi. Wanda ya iya jin kukan, ya kuma san abin da ya kamata a yi a garaji, ya tsare kuɗinsa da ran mutanen da ya ɗauko.

1. MI NE NE RULMA?

Duk mai amalanke ya san shi. Zobe biyu ne na ƙarfe, babba da ƙarami, ɗaya cikin ɗaya. A tsakaninsu akwai ƙwallayen ƙarfe masu santsi, su na gangarawa cikin giris. Zobe ɗaya ya na tsaye, ɗaya ya na juyawa tare da ƙafa. Dukan nauyin mota da na kaya a kan waɗannan ƙwallaye ya ke. Wani irin ba ƙwallo ne a cikinsa ba, ƴan gungumen ƙarfe ne masu tsukakken kai. Wani maƙerin keken doki a Amurka, Henry Timken, shi ya yi rajistar wannan irin a 1898.

Taya ɗaya ta irin motar nan ta na juyawa wajen sau 450 a kilometir ɗaya. Daga Maraɗi zuwa Damagaram, kusan kilometir 240, kowace ƙafa ta juya fiye da sau 100,000. A kan kwalta mai kyau rulma ya kan wuce kilometir 100,000 bai gaji ba. A hanyoyin ƙauye, da wuya ya kai haka.

Ga abin da ya kamata kowa ya gane. Rulman amalanke da na ƙafar gaban tsohuwar Hilux ko Land Cruiser, a na buɗe shi, a wanke, a sa sabon giris, a ɗaure daidai. Na kurosoba ba haka ya ke ba. A rufe ya zo daga masana'anta, da giris ɗinsa a ciki, da roba a bakinsa mai hana ruwa da ƙura shiga. Ba a buɗe shi, ba a ƙara masa giris. In ya gaji, sai canji.

2. MI KE KASHE SHI?

Ruwa. Da damana mu kan ratsa ƙorama ko gulbi, a Majiya ko Gulbin Kaba ko Korama. Ƙafa ta yi zafi da tafiya, sai ta faɗa ruwa mai sanyi. Iskan da ke ciki ya tsuke, ya zuƙo ruwa ta bakin roba. Ruwa ya ɓata giris, tsatsa ta kama ƙarfe.

Rairai da ƙura. In robar ta tsufa ta tsage, ƙura ta samu ƙofa. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Rairai cikin giris kamar dutsen niƙa ne.

Rami da kunya-kunyar hanyar burji. Duk bugun da ƙafa ta sha, ƙwallaye ne ke sha. Su kan bar ɗan gurbi a jikin zobe. Daga wannan gurbin kuka ke farawa.

Kaya fiye da ƙima. Irin motar nan, abin da aka yarda ta ɗauka wajen kilo 500 ne, har da mutanen da ke ciki. Mu yi lissafi. Mutum 5, kowane kilo 65, ya zama kilo 325. Saura kilo 175. Ke nan buhun hatsi mai kilo 100 ko biyu ba su cika ba. Wanda ya ɗora buhu 6 na albasar Galmi a baya da bisa, ya cika kujeru da mutane, ya san inda rulmansa ya tafi.

Mugun gyara. Rulman da aka sa da guduma, ko aka ɗaure ba bisa awo ba, ya fara mutuwa tun bai bar garaji ba.

3. GWAJI A KAN HANYA

A nemi kwalta mai santsi, wurin da babu motoci da dabbobi. A kashe rediyo, a rufe gilashi, kowa ya yi shiru.

Kukan rulma gurnani ne, wuu-wuu, kamar injin niƙa daga nesa. Ya kan fara fitowa daga gudun kilometir 40 ko 50 a awa. In gudu ya ƙaru, kuka ya ƙaru. In gudu ya ragu, ya ragu.

A ɗage ƙafa daga totur. Ƙarar inji za ta faɗi. In gurnanin ya na nan yadda ya ke, ba daga inji ba ne, daga ƙafa ne.

Sannan a karkata sitiyari sannu, hagu, dama, ba da fizga ba. In ka karkata hagu, nauyin mota ya na komawa kan ƙafafun dama, kamar yadda kayan jaki ke rinjaya gefe ɗaya. In kuka ya ƙaru sa'ad da ka karkata hagu, galibi rulman dama ne. In ya ƙaru sa'ad da ka karkata dama, galibi na hagu ne. Na ce galibi, don wani lokaci kunne ya kan ruɗe. Kada a sayi kome kafin a yi gwajin tsaye. A sa mutum ɗaya ya zauna kujerar baya, ya faɗi ko daga gaba kukan ke zuwa ko daga baya.

Akwai kuka uku da a ke ɗauka na rulma ne, alhali ba shi ba ne:

Kukan taya. Ya na canzawa in hanya ta canza, daga kwalta zuwa burji. In ka shafa bayan tayar da hannu za ka ji tudu da kwari. A mai da tayar gaba baya, ta baya gaba. In kuka ya bi taya, an gane mai laifi.

Kukan kardan, wato sandar da ke kawo ƙarfin inji zuwa ƙafa. Shi ƙwas-ƙwas-ƙwas ya ke yi, in an juya sitiyari har ƙarshe a na tafiya sannu. In ka leƙa, sau da yawa za ka ga robarsa ta yage, giris ya fantsama.

Kukan birki. Shi ƙii ne mai tsini, ko gurzar ƙarfe. Ya na canzawa da zarar an taka birki.

4. GWAJI A TSAYE

Bayan tafiyar kilometir 10 ko 15, ba tare da yawan taka birki ba, a tsaya. A kusantar da bayan hannu ga tsakiyar kowace janti, a hankali. Kada a taɓa diskin birki, ya na ƙuna. In ƙafa ɗaya ta fi ƴar uwarta ta ɗaya gefen zafi ƙwarai, akwai magana. Ko rulma ne, ko birki ne ya riƙe.

Sannan a ɗaga ƙafar. A nemi ƙasa mai tauri, shimfiɗaɗɗiya. In rairai ne, a sa katako mai kauri ƙarƙashin kirik. A tokare sauran ƙafafu da duwatsu gaba da baya. A sa gungumen icce mai ƙarfi ƙarƙashin mota. Kada a dogara da kirik kaɗai, kada kuma a tokare da tubali, ya na fashewa. Inji a kashe. In ƙafar baya za a gwada, a saki birkin hannu bayan an tokare na gaba.

Gwaji na ɗaya: hannu ɗaya a bisan taya, ɗaya a ƙasanta. A tura, a jawo. Ƙafa mai lafiya ba ta motsi ko kaɗan. In ka ji ƙwal-ƙwal, ka sa wani ya taka birki ya riƙe, ka sake girgizawa. In motsin ya ɓace, rulma ne. In ya na nan, a duba rotil, wato gaɓar da ke riƙe ƙafa daga ƙasa.

Gwaji na biyu: hannu ɗaya a gaban taya, ɗaya a bayanta. In nan kaɗai ta ke motsi, a duba sandunan sitiyari.

Gwaji na uku: ka ɗora hannu a kan rasor, ƙarfen nan mai murɗe da ke bisan ƙafa, wani ya juya taya da ƙarfi. In rulma ya gaji za ka ji gurza a tafin hannunka, kamar a na niƙa tsakuwa. Ka gwada ɗaya gefen, ka ji bambanci.

A lura: rufaffen rulma ya kan yi kuka da gurza tun bai fara motsi ba. Rashin motsi ba shaidar lafiya ba ce. In kuwa motsi ya fito, abin ya yi nisa. Kada a ɗauki kaya, kada a ɗauki mutane. A tafi garaji mafi kusa sannu-sannu. In ƙafa ta na hayaƙi ko ta karkace, a tsaya nan, a kira makanisiye.

Wata alama kuma ita ce fitilar ABS a tabulo. Motocin nan su na da ɗan ma'auni kusa da rulma, mai ƙirga juyin ƙafa don kada birki ya kulle ta. In rulma ya yi sako-sako, ƙirgar ta kan rikice, fitila ta kama.

5. ABIN DA BA YA MAGANI

Wani zai ce a ƙara ɗaure babban ekuru na tsakiya. Wani zai ce a ɓalle roba a cusa giris. Wani zai kawo na tsohuwar mota ya ce da sauransa. Duka ukun jinkiri ne kawai. Gurbin da ya fito a jikin ƙarfe ba ya cikewa. Rulman da aka fitar da shi daga gidansa kuma, fitarwar kanta ta raunana shi.

6. SAYEN SABO

Iri biyu ne. Na farko rulma ne shi kaɗai, a na matsa shi cikin gidansa da injin matsi, wanda makanisiye ke kira pres. Na biyu ya zo haɗe da mwayo, wato cibiyar da a ke ɗaura janti a kai, a na ɗaure shi da bulo. A ƙafar gaban RAV4 ta kafin 2006 irin na farko ne. Samfurin da ya fito daga 2006 na biyu ne, mai bulo 4. Na biyu ya fi tsada, amma sa shi ya fi sauƙi.

A tafi kanti da lambar shasi. Haruffa ne da lambobi 17, su na cikin takardar mota. A kwafe su a takarda da kyau. Ga amfanin karatu. A faɗi ko ƙafar gaba ce ko ta baya, ko motar mai jan ƙafa biyu ce ko huɗu, don na baya sun bambanta.

Masana'antun da aka sani da rulma su ne irin su SKF, NSK, NTN, Koyo, FAG, SNR da Timken. Amma jabu ya yi yawa, har da sunansu a kwali. A duba rubutun da ke jikin ƙarfen, ya zama a fili, lambarsa ta yi daidai da ta kwali. A juya shi da hannu, ya tafi sumul ba gurza. In kuɗin ya faɗi ƙasa ƙwarai da na sauran kantuna, a yi hattara. Araha ba ta ado. A sayi sabon ekuru na tsakiya tare da shi. A karɓi rasit.

7. A GARAJI

Wannan aikin makanisiye ne. Amma mai mota ya tsaya ya gani. Kafin a fara, ka tambaya cikin ladabi: «Maigida, akwai pres? Akwai kile mai awo?» In ya ce guduma ta isa, ka yi godiya ka nemi wani.

Ga yadda aikin ke tafiya a ƙafar gaba:

a) A sassauta ekurun janti, a ɗaga mota, a tokare, a cire ƙafa.

b) A buɗe makullin babban ekuru na bakin kardan, wani ya taka birki, a kwance shi.

c) A cire matsen birki, a rataye shi da waya. Kada a bar shi ya na reto a jikin tiyonsa. A cire diski.

d) A cire ma'aunin ABS a hankali, a kau da wayarsa gefe.

e) A tura kardan baya. Kada a bugi bakinsa da guduma kai tsaye, haƙoran za su lalace.

f) In mai bulo ne, a kwance bulo daga baya, a fitar da tsohon, a kankare tsatsar gidan har ya yi tsab, a sa sabo. Ƙwayar rairai ɗaya a wurin ta isa ta sa shi zama a karkace.

g) In na matsi ne, a cire gidan duka a kai kan pres. A fitar da mwayo, a cire zoben waya mai tsare rulma, a fitar da tsohon. Rabin ƙaramin zobe ya kan maƙale a jikin mwayo, a cire shi ba tare da an ji wa mwayo ciwo ba. In mwayo ya ci, ko ya yi shuɗi don zafi, shi ma a canza.

Ga wurin da a ke yawan ɓata aiki. In a na shigar da rulma gidansa, babban zobe kaɗai a ke dannawa. In a na shigar da mwayo cikin rulma, ƙaramin zobe a ke tokarewa daga baya. Ƙarfin pres kada ya bi ta kan ƙwallaye. In ya bi, an yi gurbi tun ran farko.

Wasu rulma su na da maganaɗisu a fuska ɗaya, don ma'aunin ABS. Wannan fuskar ita ke duban ma'auni. A gwada da ɗan siririn ƙarfe, fuskar da ta kama shi ita ce. In an juya ta, fitila ba za ta mutu ba, kuma sai an sayi wani.

h) A mai da kome wurinsa. A ɗaure babban ekuru kafin a sauke mota. Kada nauyin mota ya hau sabon rulma, kada a tura ta, ekuru na sako-sako.

Ɗaurin nan da awo a ke yin shi. Sunan awon niyuton-metir. Niyuton-metir 100 kamar nauyin kilo 10 ne a bakin sanda mai tsawon metir 1. Babban ekuru a galibin motocin nan ya na son fiye da 200, kuma kowace mota da lambarta a littafinta. Yanzu ku duba: aparanti mai kilo 70 ya hau bakin bututu mai metir 1 ya yi tsalle. Ya ba da 700 ko fiye, ninki uku ke nan. Ɗaurin da ya wuce kima ya na ɓata rulma, wanda bai kai ba shi ma haka. Bayan awo a kulle ekurun, ko da dandaƙe bakinsa cikin gurbin kardan, ko da sabuwar ƙusa mai baki biyu, bisa ga irinsa. Ekurun janti na RAV4 kuwa 103 ne, a ɗaure su a tsallake, ba a jere ba.

8. BAYAN GYARA

Kafin mota ta motsa, a taka birki sau da yawa har ya yi tauri. A koma hanyar da aka yi gwajin farko, a saurara. A duba fitilar ABS ta mutu. Bayan kilometir 50 a sake duba ekurun janti. In an cire gidan rulma duka, a kai mota a saita ƙafafu, in ba haka ba taya za ta ci gefe ɗaya.

Ba dole ne a canza na ɗaya gefen ba in lafiyarsa lau. Amma a gwada shi, don hanya ɗaya suka bi. A karɓi tsohon rulman, a fasa shi a gaban ƴan ƙungiya, kowa ya ga tsatsa da gurbi. A rubuta ranar gyara da lambar kilometir a littafin mota.

A RIƘE

A gwada ƙafafu huɗu sau biyu a shekara: a watan Mayu kafin ruwan shuka, da watan Oktoba kafin jigilar amfanin gona.

In an iso bakin ruwa, a tsaya kaɗan ƙafafu su huce. A auna zurfi da sanda. In ruwa zai wuce tsakiyar janti, a jira ya janye.

Kaya masu nauyi na amalanke ne da kamiyo.

Ƙungiya ta ware ɗan kuɗin gyara a asusu tun da kaka, lokacin da akwai.

TAMBAYOYI DON TARON MASU SAURARO

1. Direba ya karkata dama, kuka ya ƙaru. Wace ƙafa za a fara ɗagawa?

2. An girgiza taya ta yi motsi, an taka birki motsin bai ɓace ba. Mi za a duba?

3. Mota ta ɗauki mutum 4, kowane kilo 70. Buhun taki mai kilo 50 nawa ya rage mata?

Ku tattauna, ku rubuto amsa ta hannun malamin gonarku. Allah ya ba mu damana mai albarka, ya kai kowa gida lafiya.